Tarihin Aikatau “Outrun” a Ingilishi: Daga Malalar Ruwa Zuwa Wuce Makaɗi da Rawa

1.0 Gabatarwa

Akwai kalmomin Ingilishi waɗanda ɗalibi Bahaushe yakan ɗauka ya gane su tun ganin farko, saboda ƙirarsu a fili take. Daga cikinsu akwai aikatau “outrun”, wanda ya ƙunshi ɗafa-goshi “out” da saiwa “run”, watau gudu. Idan aka tambayi ɗalibi ma'anarsa yakan ce “fin wani gudu”, kuma ba za a ce ya yi kuskure ba. Sai dai duk wanda ya taɓa zama don fassara tarihin yaƙi, ko rahoton tattalin arziki, ko wani wasa na Shakespeare, ya san wannan amsa ba ta raka mai fassara nesa. A wani wuri zai tarar an ɗora kalmar a kan ɓarawon da ya kuɓuce wa masu binsa. A wani wurin kuma a kan rundunar sojan da ta yi wa motocin guzurinta nisa har ta rasa mai, inda a fili yake cewa ba yabon rundunar ake yi ba.

Wannan maƙala za ta bi sawun kalmar tun daga Tsohon Ingilishi har zuwa yau. Abin da za a nuna shi ne, ma'anar fin gudu baƙuwa ce a cikin kalmar, domin shekarunta ba su kai 600 ba, kuma tun daga lokacin da ta shigo, abin da yake yanke hukuncin fassararta shi ne karɓau, watau wanda aka bari a baya. Idan abokin tsere ne, an yi nasara. Idan mai kora ne, an tsira. Idan kuwa wani abu ne da ya kamata a tafi tare da shi, to, an yi ɓarna.

2.0 Asalin Sassan Kalmar

Masana sukan raba tarihin Ingilishi zango uku: Tsohon Ingilishi, daga zuwan ƙabilun Anglo-Sakson tsibirin Birtaniya a ƙarni na 5 zuwa wajejen 1100, Ingilishin Tsakiya, daga nan zuwa wajejen 1500, sannan Ingilishin Zamani. A zangon farko saiwar gudu tana da siga biyu, “rinnan” da “irnan”. Bambancinsu musayar gurbi ce tsakanin baƙi da wasali, irin abin da ake samu a Hausa tsakanin bagaruwa da gabaruwa. Ma'anar saiwar ta haɗa gudun mutum da gudanar ruwa. Har yau Jamusanci, wanda ɗan'uwan Ingilishi ne, yana da “rinnen” na tsiyayar ruwa da “rennen” na gudun ƙafa. Mutanen Danmak da Norwe da suka zauna a arewaci da gabashin Ingila tun daga ƙarni na 9 sun zo da tasu sigar, “renna”, wadda ta taimaka wajen kafa “rennen” na Ingilishin Tsakiya. Sigar “run” ba ta zauna daram ba sai a ƙarni na 16. Wannan aikatau yana cikin waɗanda suke nuna shuɗaɗɗen lokaci ta sauya wasali, shi ya sa ake cewa “outran”, kamar yadda ake cewa “ran”. Yawan rassan da saiwar ta yi abin mamaki ne: lokacin da Peter Gilliver ya kammala sabunta bayaninta a babban ƙamus na Oxford a 2011, an ƙirga ma'anoni 645 na aikatau kaɗai.

Ɗaya ɓangaren, “ut” a Tsohon Ingilishi, ma'anarsa waje, ba ta kuma da wata alaƙa da fifiko. Saboda haka idan aka haɗa shi da saiwar gudu abin da ake samu shi ne malalowa waje. Akwai suna “utryne” mai nufin fitar ruwa ko mafitarsa. Ko a ƙarni na 14 ma, aikatau “outrennen” yana nufin ruwa ya kwararo, ko wa'adi ya ƙare. Nan Jamusanci ya tsaya har yau: “auslaufen”, wanda aka gina da “aus”, ɗan'uwan “out”, da wani aikatau mai ma'anar gudu, yana nufin tulu ya yi yoyo, ko yarjejeniya ta ƙare, ko jirgin ruwa ya bar tasha. Bajamushe ba ya amfani da shi don ya ce wani ya fi wani gudu.

Abin da ya raba Ingilishi da 'yan'uwansa canji ne na ginin jimla. A zangon Ingilishin Tsakiya, ƙananan kalmomi masu nuna wuri, irin su “out” da “up”, sun riƙa barin goshin aikatau suna komawa bayansa. Ta haka aka sami “run out”, kuma tsofaffin ma'anonin nan biyu, malalowa da ƙarewa, suka yi ƙaura zuwa cikinsa. Sigar “outrun” ta zama tamkar gidan da masu shi suka tashi, har baƙo ya zo ya tare.

3.0 Aya Ɗaya, Fassarori Huɗu

Hanya mafi sauƙi ta ganin lokacin da baƙon ya tare ita ce duba nassi guda wanda aka yi ta fassarawa zuwa Ingilishi cikin ƙarnoni da yawa, domin a nan labarin ba ya canzawa, harshen ne kawai yake canzawa. Littafin Kirista ya ba da wannan dama. A Bisharar Yohanna, sura 20, aya 4, an ba da labarin Bitrus da wani almajiri suna gudu tare zuwa wani kabari, ɗaya almajirin ya sha gaban Bitrus, ya riga shi isa. Asalin nassin da Girkanci yake, kuma aikatau ɗin yana ɗauke da ɗafa-goshi “pro”, mai nufin gaba. Fassarar Latin ta Jerome, ta ƙarshen ƙarni na 4, ta kawo takwaransa “prae”.

Fassarar Sakson ta Yamma, ta wajejen shekara ta 1000, ta yi amfani da “forarn”, watau ɗafi “for” da shuɗaɗɗiyar sigar “irnan”. Fassarar da almajiran John Wycliffe suka yi daga Latin a shekarun 1380 ta rabu da ɗafi gaba ɗaya, ta kawo aikatau na gudu ta bi shi da kalmar “before”. William Tyndale, wanda ya fassara Sabon Alkawari kai tsaye daga Girkanci, aka buga shi a garin Worms na Jamus a 1526, shi ne ya sa “outrun” a wannan gurbi. An kashe Tyndale a 1536 kusa da Burasels, amma malaman da suka shirya fassarar Sarki James ta 1611 sun riƙe zaɓinsa a wannan aya, kamar yadda suka riƙe shi a wurare masu yawa. Da yake an yi ƙarnoni ana karanta wannan fassara a majami'un Ingila, sabuwar ma'anar ta shiga kunnen malami da jahili. Ba Tyndale ne ya ƙago ta ba, ya tarar da ita a bakin mutane, amma aikinsa shaida ne cewa zuwa 1526 mai karatu ba zai ruɗa ta da malalar ruwa ba.

Kafin “out” ya karɓi aikin nuna fifiko, wani ɗafin ne yake yin sa, watau “over”. Tsohon Ingilishi yana da “oferlibban”, rayuwa bayan mutuwar wani, kamar “überleben” na Jamusanci a yau. A ƙarshen ƙarni na 15 sai ga “outlive” ya bayyana, a hankali ya ture tsohon. Haka aka yi da gudu. A Littafin Sama'ila na Biyu, sura 18, aya 23, manzanni biyu sun tashi kai wa Dawuda labarin yaƙin da aka kashe ɗansa Absalom, sai Ahimawaz ya bi ta fili ya tsere wa mutumin Kush. Fassarar 1611 ta sa “overran” a nan, amma wadda aka sabunta a Amurka a 1952 ta sa “outran”, domin kafin lokacin “overrun” ya koma nufin mamaye ƙasa, ko zarce lokacin da aka ɗiba. Ɗafan biyu sun raba gado ke nan: “over” yana auna aiki da ƙa'idar da ta dace, “out” yana auna shi da aikin wani. Wanda ya yi “oversleep” ya makara, wanda ya yi “outsleep” kuwa akwai wani da ya riga shi farkawa.

Bayanin da ya fi shiga hankali game da yadda “waje” ya zama “fi” shi ne na iyaka. Wanda ya rayu bayan wani ya fita daga iyakar kwanakin wancan, wanda ya tsere wa wani ya fita daga iyakar da ƙafafun wancan za su iya kaiwa. Mutum na biyu shi ne shingen da aka fita daga cikinsa. Wannan ne ya haifar da sakamako a nahawu: “run” na gudun ƙafa ƙi-karɓau ne, amma da zarar an liƙa masa “out” sai ya zama so-karɓau, ba ya kuma tsayawa sai da wanda aka bari a baya. Hans Marchand ya tattauna wannan ɗafi a littafinsa na ƙirar kalmomin Ingilishi na 1960, Joan Bresnan kuma ta kafa hujja da shi a 1982 wajen nuna cewa ƙa'idar ƙirar kalma tana iya sauya dangantakar aikatau da sunayen da suke kewaye da shi.

4.0 Zamanin Shakespeare da Rabuwar Ma'anoni

Daga tsakiyar ƙarni na 16 zuwa ƙarshen na 17 wannan ɗafi ya yi ta haihuwa. A na 16 aka sami “outstrip” da “outlast” da “outgrow”, a na 17 kuma “outdo” da “outwit” da “outnumber”. William Shakespeare, wanda ya rayu daga 1564 zuwa 1616, yana cikin waɗanda suka fi wasa da shi. A wasan Hamlet, na wajejen 1600, ya liƙa shi a sunan Hirudus, ya sami aikatau “out-Herod”. A wasannin addini na Ingila ta dā, akan nuna Hirudus a matsayin sarki mai hargagi da kumfar baki, don haka ma'anar sabuwar kalmar ita ce ɗan wasa ya fi Hirudus hirudusanci. Tun daga nan marubutan Ingilishi suke iya yi wa kowane suna haka.

A wasannin Shakespeare ne ake ganin ma'anonin “outrun” sun rabu sarai. Ta farko, ta tsere tsakanin tsara da tsara, ita ce wadda aka gani wurin Tyndale. Ta biyu ita ce ta kuɓuta. A kashi na biyu na wasan Henry na Shida, na wajejen 1591, an ci sarki da yaƙi a St Albans, yaƙin da aka yi a 1455, Sarauniya Margaret tana matsa masa su gudu, shi kuwa yana tambaya ko akwai mai iya tsere wa hukuncin sama. A wasan Henry na Biyar, na 1599, sarki ya ɓad da kama yana hira da sojojinsa a daren jajibirin yaƙin Agincourt na 1415. Ya ce musu a cikin kowace runduna akwai masu laifin da suka kuɓuce wa hukuncin garinsu, amma ko sun tsere wa mutane ba za su tsere wa Allah ba. A waɗannan wurare biyu babu filin tsere, babu alƙalin wasa. Abin da yake baya ba neman kai wa gaci yake yi ba, mai gudun yake nema. Bahaushe mai cewa ƙaddara ta riga fata ba zai sha wuyar gane nufin sarakunan nan ba.

Ma'ana ta uku ita ce ta fi wuyar kamawa, ita ce kuma ɗaliban sakandare na Nijeriya suka daɗe suna cin karo da ita a wasan Macbeth, na wajejen 1606. Bayan Macbeth ya kashe Sarki Duncan, ya kuma kashe bayin ɗakin sarki don kada su tona asiri, aka tambaye shi dalili. Uzurin da ya kawo shi ne zafin ƙaunarsa ga sarki ya yi gaba ya bar hankali a baya, alhali hankali shi ne mai sa mutum ya dakata. A nan wanda aka bari a baya ba abokin hamayya ba ne, ba kuma mai kora ba. Jagora ne wanda bai kamata a rabu da shi ba. A wasan Henry na Takwas, na 1613, wanda Shakespeare ya rubuta tare da John Fletcher, Norfolk ya gargaɗi Buckingham a kan fushinsa da Kadinal Wolsey, ya nuna masa cewa mai tsananin sauri yana iya wuce abin da yake kora, ya rasa shi. Wannan shi ne sauri ya haifi nawa. Da wannan ma'ana kalmar ta tashi daga yabo ta koma zargi.

5.0 Ɗan Doka da Mai Cin Bashi

Ma'ana ta biyu da ta uku sun haɗu a wata tsohuwar karin magana ta Ingilishi, wadda take cewa wane ya tsere wa “constable”. Kafin Robert Peel ya kafa 'yan sandan Landan a 1829, wannan kalma tana nufin ɗan dokan unguwa, watau magidancin da akan ɗora wa tsaron unguwarsu, galibi na shekara guda, ba tare da albashi ba. Asalin maganar ke nan a zahiri: mai laifi ya fi ɗan doka ƙafa. Amma a waƙar zambo ta Hudibras, wadda Samuel Butler ya fara fitarwa a 1663, jarumin ya jefi baransa Ralpho da ita a tsakiyar gardamar addini, yana nufin ya wuce gona da iri a muhawara.

Daga baya maganar ta karkata ga dukiya. A 1711 Joseph Addison ya yi rubutu a jaridar Spectator a kan masu sayen tikitin caca, inda ya yi amfani da “outrun” a kan mutanen da suke kashe fiye da abin da suke samu, da fatan wata riba da za ta zo gobe. Samuel Johnson, a ƙamusunsa na 1755, ya ba kalmar ma'ana biyu kawai: barin wani a baya wajen gudu, da zarcewa. Francis Grose kuwa, wanda ya fara fitar da ƙamusun maganganun 'yan tasha a 1785, ya bayyana tsere wa ɗan doka da cewa mutum ya yi rayuwar da ta fi ƙarfin samunsa.

Ba za a gane nauyin wannan magana ba sai an tuna cewa a Ingila ta wancan zamani ana ɗaure mutum saboda bashi. Gidajen yari na Fleet da Marshalsea a Landan sun yi suna a kan haka. A Marshalsea aka tsare mahaifin marubuci Charles Dickens a 1824, lokacin da yaron, yana ɗan shekara 12, yake aikin ƙarfi a masana'antar man goge takalma. An rufe gidajen biyu a 1842, dokar 1869 kuma ta soke yawancin ɗaurin bashi. Saboda haka mai almubazzaranci ya yi wa samunsa nisa, wannan ma'ana ta uku ke nan, kuma sakamakon haka hukuma tana biye da shi, wannan ta biyu ke nan. Bayan da dokar ta canza, maganar ta yi ta dusashewa, yanzu ba a cika ganinta ba sai a tsofaffin littattafai.

6.0 Gudun da Babu Ƙafa

Ingilishi ya ƙera wa kowace irin tafiya nata aikatau: “outride” ga mahayi, “outsail” ga jirgin ruwa mai filafilai, “outfly” ga tsuntsu. Amma “outrun” ne ya zama gama-gari. Masu rubuta tarihin cinikin bayi sukan yi amfani da shi a kan abin da ya faru a gaɓar Afirka ta Yamma bayan Birtaniya ta haramta cinikin a 1807, ta kuma fara sintiri a 1808. Fataken bayi sun koma sayen ƙananan jirage masu sauri, waɗanda manyan jiragen yaƙi ba su iya kamowa. A 1827 aka kama wani jirgin bayi na Barazil mai suna Henriqueta, aka sake masa suna Black Joke, aka sa shi korar 'yan'uwansa har zuwa 1832. Bayin da aka ƙwato akan sauke su a Firitawun ta Saliyo, inda aka sami Hausawa cikin 'yantattun da suka zauna a can. A ƙarni na 20 kalmar ta hau sama. Jirgin leƙen asiri na Amurka SR-71, wanda ya yi gudun sama da kilomita 3,500 a sa'a a 1976, dabararsa idan an harbo masa makami mai linzami ita ce ya ƙara wuta ya bar shi a baya, kuma har aka daina aiki da shi ba a taɓa harbo ko ɗaya ba. Duk waɗannan ma'ana ta biyu ce.

Ma'ana ta uku kuwa a fagen tattalin arziki da dabarun yaƙi ta yi gida. Thomas Malthus ya yi da'awa a 1798 cewa yawan jama'a, idan babu abin da ya tare shi, yana ninkawa duk shekara 25, watau 1, 2, 4, 8, alhali abinci yana ƙaruwa ne 1, 2, 3, 4. Masu taƙaita ra'ayinsa sukan ce jama'a za ta yi wa abinci “outrun”, kuma daga wannan salo ne ake samun maganganun jaridu na yau a kan buƙata da ta zarce kayan da ke kasuwa, ko farashi da ya zarce albashi. A fagen yaƙi, misalin da aka fi kawowa shi ne na Runduna ta Uku ta Amurka ƙarƙashin Janar George Patton. Ta keta Faransa da sauri a watan Agusta 1944, amma a farkon Satumba ta tsaya cik a gabashin ƙasar saboda rashin mai, duk da jerin motocin da aka kira Red Ball Express, kusan 6,000 a ganiyarsa, mafi yawan direbobinsu baƙaƙen fata na Amurka, waɗanda suke jigila dare da rana daga Normandi. A wannan labari kalmomin nan biyu da suka rabu tun Ingilishin Tsakiya sukan sake haɗuwa a jimla guda: rundunar ta yi wa guzurinta “outrun”, don haka manta ya yi “run out”.

7.0 Inda Tsohuwar Ma'ana Ta Saura

Ma'anar “waje” ba ta mutu ƙurmus ba, ta fake a cikin suna. Ana bambanta su da wurin ƙarfafa murya: aikatau a gaɓa ta biyu, suna a gaɓa ta farko. A gasar karnukan kiwo, wadda akan danganta farkonta da garin Bala na Wels a 1873, “outrun” shi ne faffaɗan zagayen da kare yake yi don ya ɓullo wa tumaki ta baya ba tare da ya firgita su ba. A tsibiran Orkney na arewacin Sikotilan kalmar tana nufin makiyayar da take can bayan gona. Daga nan Amy Liptrot ta ɗauko sunan littafinta na 2016, wanda ya ba da labarin komawarta gida don rabuwa da shan giya, aka kuma mai da shi fim a 2024. Mai karatun Ingilishi yakan ji ma'ana biyu a wannan suna, makiyaya da ƙoƙarin kuɓuta. Wasan tseren mota na kamfanin Sega mai suna Out Run, na 1986, shi ma ya ba wani salon kiɗan zamani sunansa.

8.0 Kwatanci da Hausa da Larabci

Leon Stassen, a nazarinsa na 1985 a kan hanyoyin kwatance a harsunan duniya, ya ware rukunin harsunan da suke nuna fifiko ta amfani da aikatau mai ma'anar wucewa, irin su Hausa da Yarbanci. A jimlar “Audu ya fi Bala gudu”, Bala karɓau ne na “fi”. Ingilishi ba haka yake yi a bisa al'ada ba, yakan liƙa wa sifa ɗafa-ƙeya “er” ya biyo da “than”. Aikatan da suke ɗauke da “out” su ne kusurwa ɗaya inda Ingilishi yake gina kwatance kamar Hausa, ya mai da wanda aka fi karɓau. Wannan kamanci ne yake yaudarar ɗalibi ya zaci “fi” ya ishe shi. Amma “fi” hali yake bayyanawa: Audu yana iya fin Bala gudu alhali ba su taɓa karawa ba. Sigar “outran” kuwa galibi labarin abin da ya auku take bayarwa.

Kalmar Hausa da ta fi kusa ita ce “tsere wa”. Tana cikin aji na huɗu a tsarin aikatau da F. W. Parsons ya fitar a 1960, kuma 'yar gida ɗaya ce da “tsira” da suna “tsere”. Saboda haka ita ma ta haɗa ma'ana ta farko da ta biyu: doki ya tsere wa dawaki, ɓarawo ya tsere wa 'yan sanda. Inda ake nufin isa wuri kafin wani, kamar a labarin Bitrus, “riga” ya fi dacewa. “Sha gaba” da “wuce” kuwa sun fi kusa da “overtake”, domin suna nuna an taso daga baya. Ma'ana ta uku ce “tsere wa” ba ta cika ɗauka ba, domin tana da ƙamshin nasara. Nan sai a nemi “zarce”, ko “fi ƙarfin”, ko “yi wa nisa”. Idan kuwa zargi ake nufi, Hausa tana da maganar da ta zo daidai: wuce makaɗi da rawa. Makaɗi ba abokin tseren mai rawa ba ne, shi ne ma'auninsa.

Larabci ya bi tafarki mai kama da wannan. Aikatau “sabaƙa” yana nufin riga, daga saiwarsa kuma Hausa ta ari “musabaƙa”. Malaman sarfu suna da babin mugalaba, inda ake mai da aikatau gasa tsakanin mutum biyu a nuna wanda ya rinjaya, aikin da “out” yake yi a Ingilishi. A Suratul Ankabut, aya ta 4, wannan saiwa ta zo da ma'anar kuɓuce wa kamun Allah. Marmaduke Pickthall ya fassara ta da “outstrip” a 1930, fassarar Saheeh International ta 1997 kuma ta zaɓi “outrun”. Harsuna uku ke nan, Ingilishi da Hausa da Larabci, kowanne ta tasa hanyar ya ɗauki kalmar tsere ya kai ta ga kuɓuta.

9.0 Kammalawa

An ga cewa “outrun” ya fara ne da nufin malalowa waje, ya rasa wannan ma'ana lokacin da ginin jimlar Ingilishi ya canza, ya karɓi aikin fifiko daga hannun “for” da “over” kafin 1526, kuma kafin rasuwar Shakespeare a 1616 ya riga ya rabu gida uku. Abin da ya biyo baya, daga gidajen yarin Landan zuwa jiragen sama, faɗaɗa waɗannan ukun ne kawai. Ga malamin Ingilishi, amfanin wannan tarihi shi ne ya koyar da “outrun” da “run out” da “overrun” tare, domin asalinsu ɗaya ne, kuma shi ya sa ɗalibai suke ruɗa su. Ga mai fassara kuwa, kafin ya zaɓi kalmar Hausa, wajibi ne ya tsallake aikatau ya dubi karɓau, ya tantance ko abokin tsere ne, ko mai kora, ko makaɗi.